Finafinan Finland masu kama da mafarki: fasaha ce ko ruɗa mai kallo?

Malam Habibu:

Assalamu alaikum. Ina so in kawo batun da ya ɗan kauce wa finafinan da muka saba tattaunawa a wannan zaure, wato finafinan gwaji na ƙasar Finland, musamman waɗanda suke ƙoƙarin nuna mafarki da abin da ke kwance can ƙarƙashin zuciyar mutum, wanda shi kansa bai san yana ɗauke da shi ba. Wadda ta fi yin suna a wannan fanni ita ce Eija-Liisa Ahtila, haifaffiyar garin Hämeenlinna a 1959, wadda ta fara da karatun lauya a Jami'ar Helsinki kafin ta koma harkar fim. Aikin da nake so mu fara da shi sunansa Talo, ma'ana Gida, na shekarar 2002. Tsawonsa bai wuce minti 14 ba, kuma a kan allo uku ake haska shi lokaci guda. An nuna shi a babban baje kolin fasaha na Documenta karo na 11 a birnin Kassel na Jamus, wanda Okwui Enwezor, ɗan Nijeriya, ya jagoranci shirya shi.

Wata mata ce ta tuƙo motarta zuwa gidanta da ke bakin daji, ta ajiye motar a waje ta shiga ciki, tana yi mana bayanin ɗakunan gidan cikin natsuwa. Sai ƙarar motar ta ƙi tsayawa a waje, ta biyo ta har cikin falo, daga nan kuma sai ga 'yar ƙaramar mota tana tafiya a jikin bango. Can gaba za a ga matar tana shawagi a sama tsakanin kawunan itatuwa, tana kama rassa da hannu. Daga ƙarshe ta zauna a gaban keken ɗinki ta ɗinka baƙaƙen labule ta rufe tagogi, domin ta zauna cikin duhu inda sautukan da take ji suke.

Abin da nake iƙirari shi ne, wannan ya fi kusa da yadda mafarki yake fiye da duk mafarkin da nake gani a finafinanmu, kuma dalilina guda ne: ba a farkar da mai kallo. A namu, hoto zai yi hazo, a saka kiɗa mai ban tsoro, sannan jarumar ta zabura daga barci tana salati, gumi yana keto mata, mu kuma hankalinmu ya kwanta domin an gaya mana cewa abin da ya wuce ba gaskiya ba ne. Amma mai mafarki, a lokacin da yake cikin mafarkinsa, ba ya samun wannan sanarwa. Ina neman ra'ayinku.

Alhaji Garba:

Wa alaikumus salam, Malam Habibu. Ni tsohon ɗan kallo ne tun zamanin da ake bin layin tikiti a silima, kuma abin da na sani shi ne fim labari ne da ake zama a kalla daga farko zuwa ƙarshe. Abin da ka bayyana, wanda ake rataya allo uku a ɗakin baje koli mutum ya tsaya yana waige-waige, ban ga dalilin kiransa fim ba. Haka kuma ina zargin cewa irin wannan aiki yana samun yabo ne saboda masu kallonsa suna jin kunyar su ce ba su gane ba. Idan mota ta hau bango babu dalili, kuma babu wanda zai tambayi darakta dalilin, to kowa ma zai iya yin fim.

Hajiya Rakiya:

Alhaji, da izininka zan amsa maka kafin Malam Habibu, domin ina da gyara a kan ku biyun. Na yi shekaru ina aikin jinya a ɓangaren masu lalurar ƙwaƙwalwa, kuma na kalli wannan aiki a cikin fim ɗin Rakkaus on aarre, wato Soyayya Taska Ce, wanda Ahtila ta fitar a wannan shekarar ta 2002, inda ta haɗa labaran mata biyar a allo ɗaya, labarin gidan yana cikinsu. Motar ba ta hau bango babu dalili ba. Ahtila ta yi hira da matan da suka taɓa shiga halin gushewar hankali, ta gina rubutunta a kan abin da suka faɗa mata. Duk wanda ya zauna da irin waɗannan marasa lafiya ya san cewa abin da suka fi kuka da shi shi ne rushewar iyaka tsakanin ciki da waje: sautin titi yana magana a cikin kansu, abin da suke tunani kuma suna ganin kowa a unguwa yana jinsa. Na sha ganin mara lafiya ta toshe kafar ƙofa da tsumma, ta rufe taga da zani a tsakiyar zafi, ba don tana tsoron ɓarawo ba, sai don ta rage abin da ke shigo mata. Da na ga matar nan a gaban keken ɗinki, nan take na gane abin da take yi.

Gyarana ga Malam Habibu kuma shi ne, wannan ba mafarki ba ne. Matar idonta biyu. Mai mafarki yana farkawa da asuba ya ci gaba da harkokinsa, ita kuwa ba ta da wata asuba da take jira. Ina gudun kada mu ƙawata ciwo da sunan mafarki, domin masu fama da shi ba su ɗauke shi abin sha'awa ba.

Malam Habibu:

Hajiya, na karɓi bayaninki a kan tushen aikin, amma ina nan a kan bakana ta fuskar mai kallo. Matar tana cikin ciwo, mu kuwa da muke kallo an saka mu ne a halin da muka sani daga barcinmu kawai, inda abu mai wuyar yiwuwa yake faruwa kuma babu wanda ya yi mamaki. Muryar matar ba ta rawa lokacin da take bayanin motar, hasken ɗakin bai canza ba, kyamara ba ta karkace ba. Wannan natsuwar ita ce ta mafarki. Kuma akwai aikinta na 1999, Lohdutusseremonia, wanda ya samu lambar yabo a baje kolin Venice a shekarar, wanda ba labarin mai ciwo ba ne. Miji da mata ne masu jariri suka yanke shawarar rabuwa. Suna tafiya da abokansu a kan tekun da ya daskare, suna hira, sai ƙanƙarar ta fashe suka nutse, kyamara ta bi su ƙarƙashin ruwa. Bayan haka ga matar zaune a gida, mijin ya bayyana mata kamar inuwa ya rusuna mata. Ba a ce mana sun mutu ba, ba a ce mafarki ba ne, an dai nuna mana yadda mutuwar aure take a zuciyar wadda abin ya shafa.

Aminu:

Ina gaida iyayena da yayyena na wannan zaure. Ni ɗalibi ne a birnin Tampere na ƙasar Finland, kuma ina so in ƙara bayani a kan tambayar Baba Alhaji game da allo uku, domin na shiga ɗakunan da ake nuna irin waɗannan ayyuka. Idan allo ɗaya ne a gabanka, darakta ya riga ya zaɓa maka inda za ka duba. Idan uku ne kuma suna kewaye da kai, dole ka zaɓa, kuma duk wanda ka zaɓa kana asarar abin da ke faruwa a sauran biyun. Sauti yana fitowa ta bayanka, ka juya, kafin ka juyo abin da ke gabanka ya canza. Mutum yana fita da jin cewa wani abu ya wuce shi, kamar yadda yake tashi daga barci yana ƙoƙarin kamo abin da ya gani yana kuɓuce masa. Saboda haka yawan allon yana cikin ma'anar aikin.

Sai kuma wata magana da nake yawan ji daga gida, cewa duhun hunturu ne yake sa mutanen nan yin finafinai masu ban al'ajabi. Duhun gaskiya ne. A Helsinki hasken rana a tsakiyar Disamba bai fi awa shida ba, a can ƙarshen arewa kuwa, wajen Utsjoki, rana takan yi kusan wata biyu ba ta fito ba. Amma ni ina ganin dalilin ya fi kusa da aljihu. Ƙasar ba ta kai mutum miliyan shida ba, kasuwarta ba za ta iya ɗaukar nauyin fim irin wannan ba, don haka akwai hukumomin da suke tallafawa. Gidauniyar Fim ta Finland tana nan tun 1969, akwai cibiyar AV-arkki da masu fasaha suka kafa a 1989 domin rarraba finafinan gwaji da bidiyon fasaha, ga gidan adana fasahar zamani na Kiasma da aka buɗe a Helsinki a 1998, ga kuma bikin gajerun finafinai da ake yi kowace shekara a nan Tampere. Wanda ba ya jiran kuɗin tikiti kafin ya ci abinci yana da damar ƙin bayyana wa mai kallo komai.

Alhaji Garba:

Madalla da kai, Aminu, ka taimake ni ba tare da ka yi niyya ba. Ka ga kenan fim ne da ba ya buƙatar 'yan kallo. Ni a wurina wannan aibi ne, domin mai ba da labarin da ya san ko an watse za a biya shi ba zai damu da ko ana fahimtarsa ba.

Malama Zainab:

Baba Alhaji, zan kawo maka wani fim na ƙasar wanda nake da yaƙinin za ka zauna ka kalla har ƙarshe, kuma shi ne kakan duk waɗannan da ake magana. Sunansa Valkoinen peura, wato Farar Barewa, na 1952, wanda Erik Blomberg ya ba da umarni, matarsa Mirjami Kuosmanen kuma ta fito a matsayin jaruma, tare suka rubuta labarin. An ɗauke shi a yankin Lapland, cikin al'ummar Sami masu kiwon barewar ƙanƙara. Wata amarya mai suna Pirita ta auri makiyayi, mijin yana yawan tafiya da garke yana barin ta ita kaɗai, sai ta je wurin boka neman maganin da zai sa a so ta. Boka ya gindaya mata sharaɗin ta yi yanka da abu mai rai na farko da ta haɗu da shi a gaban wani dutsen tsafi. Maganin ya ci, amma ya wuce gona da iri: ta riƙa rikiɗa tana zama farar barewa, mafarauta su bi ta cikin dusar ƙanƙara har inda babu kowa, ta koma mace ta halaka su. Mutanen gari suka gane cewa harsashi ba ya kama ta sai baƙin ƙarfe, suka shiga ƙera mashi, kuma mijinta ne ya soke ta ba tare da ya san ko wace ce ba.

Duk marubucin Hausa ya san ƙashin bayan wannan labari, domin mace da boka da maganin mallaka da sharaɗin da ke juyawa kan mai shi ba baƙin abu ba ne a rubutunmu. Bambancin yana wurin ɗauka. Ba a nuna rikiɗar da dabarun kwamfuta ba, babu su ma a lokacin. Ana yanka hoto ne daga barewa zuwa mace a kan farin fili marar iyaka, magana kaɗan ce, fuskar jarumar ce take aikin. Fim ɗin bai tsaya yi wa Pirita wa'azi ba, ya bar mu muna ganin kaɗaici da sha'awar da ta danne suna fitowa da siffar dabba. Ya samu kyauta a bikin finafinai na Cannes a Faransa na 1953, shekarar da marubuci kuma daraktan fim ɗan Faransa Jean Cocteau ya shugabanci alƙalai, daga baya kuma ya samu lambar yabo ta Golden Globe a Amurka. Abin da zan ɗora masa na suka shi ne, waɗanda suka yi shi ba Sami ba ne, kuma sun ɗauki al'adar wasu sun mai da ita dandalin tsafi da ban tsoro, abin da mu ma ba ma jin daɗinsa idan aka yi mana.

A matsayina na mai rubuta labarin fim, na yarda da Malam Habibu a kan farkawar nan. Furodusa yakan nace a saka ta domin kada mai kallo ya ruɗe, kuma mafarkin da muke rubutawa kusan kullum saƙo ne: ta ga maciji, to kishiya tana tafe. Muna rubuta fassarar ne tun kafin mu rubuta mafarkin.

Malam Isa:

Na daɗe ina karanta muhawarar, kuma maganar Malama Zainab ta ƙarshe ce ta sa zan saka baki. Abin da ya sa mafarki yake zama saƙo a rubutunmu yana da tushe, domin mun taso da ƙissar Annabi Yusuf, alaihis salam, da shanu bakwai masu ƙiba da bakwai ramammu, da kuma littattafan fassarar mafarki da ake jinginawa ga Ibn Sirin. Sai dai hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito daga Abu Huraira ya kasa mafarki gida uku: bushara daga Allah, tsoratarwa daga Shaiɗan, da kuma zancen zuci, wato abin da mutum yake saƙawa a ransa ido biyu sai ya gan shi a barci. Marubutanmu sun riƙe kashi na farko da na biyu sun yi watsi da na uku, alhali shi ne mafi yawan abin da muke gani idan mun kwanta. Abin da na fahimta daga bayananku shi ne, waɗannan mutanen Finland a kashi na ukun suka kafa sana'arsu, kuma ban ga abin da zai hana marubuci Musulmi ya taɓa shi ba.

Inda nake da tsokaci shi ne, an umarce mu da cewa wanda ya ga mummunan mafarki ya nemi tsari kada ya ba kowa labarinsa. Na san fim ƙirƙira ce, ba mafarkin wani takamaiman mutum ake bayarwa ba, don haka hukuncin bai hau kansa kai tsaye ba. Amma hikimar da ke ciki abin dubawa ce: akwai abin da idan aka yi ta juya shi yana ƙara nauyi a zuciya. Ina so Hajiya ta gaya mana ko irin wannan kallo yana da amfani ga mai rauni.

Hajiya Rakiya:

Allah ya gafarta Malam, ba zan ba mara lafiyar da ke cikin tsananin ciwo shawarar ya kalla ba. Waɗanda nake so su kalla su ne dangi da ma'aikatan jinya, domin yawancinsu suna ɗaukar maganar mara lafiya a matsayin shirme da za a yi wa dariya ko a tsawatar, alhali tana da tsari a cikin duniyar da yake ciki. Minti 14 a cikin gidan matar nan zai koya wa ɗalibin jinya abin da lacca ba ta cika koyarwa ba.

Akwai kuma aikin Ahtila na 2008, Missä on missä?, wato Ina ne Ina?, wanda ya shafi nahiyarmu. Ta ɗauko shi daga wani rahoto da Frantz Fanon, likitan ƙwaƙwalwa da ya yi aiki a garin Blida na Aljeriya, ya kawo a littafinsa na 1961: yara biyu 'yan Aljeriya, masu shekara 13 da 14, sun kashe abokin wasansu Bature a lokacin yaƙin neman 'yanci. A fim ɗin wata marubuciyar waƙa ce a Finland ta wannan zamani, 'yar fim Kati Outinen ta fito a matsayinta, Mutuwa ta ziyarce ta da siffar mutum, sai abubuwan da suka faru a Aljeriya shekaru hamsin baya suka riƙa kutsowa cikin gidanta. A nan abin da aka danne ba na mutum ɗaya ba ne, na Turai ne gaba ɗaya.

Aminu:

Game da tambayar Malam Isa, akwai wani masanin ƙwaƙwalwa na Jami'ar Turku, Antti Revonsuo, wanda a 2000 ya gabatar da ra'ayin cewa aikin mafarki shi ne atisayen fuskantar haɗari, shi ya sa ake yawan mafarkin ana bin mutum ko yana faɗuwa. Masana ba su haɗu a kan ra'ayin ba, kuma ban ce masu fim daga wurinsa suka ɗauka ba, amma ya dace da abin da ake gani a ayyukan: ƙanƙara tana fashewa, gida yana daina kare mai shi.

Baba Alhaji kuwa, tunda allo uku ya dame ka, bari in gaya maka wanda ya fi shi. Tun a 1962 mai zane Eino Ruutsalo ya yi fim ɗin Kineettisiä kuvia ta hanyar yin fenti da karce kai tsaye a jikin zaren fim. A 2016 kuma Mika Taanila ya fitar da Mannerlaatta, fim mai tsawon fiye da awa ɗaya wanda ba a yi amfani da kyamara ba sam, an yi shi ne da injin fotokwafi da kuma ɗora kayayyaki a kan zaren fim a ɗakin duhu a haska su, rubutun mawaƙi Harry Salmenniemi yana bayyana a allo. Batunsa tsoron hawa jirgin sama ne da binciken jami'an tsaro da rikicewar barcin matafiyi, kuma an fara nuna shi a bikin finafinai na Berlin.

Alhaji Garba:

Malama Zainab, 'yata, naki na karɓa. Labarin amaryar nan yana da kai yana da ƙafa, kuma zan sa yara su nemo mini shi. Bayanin Hajiya ma ya sa na janye maganar da na yi cewa motar ta hau bango babu dalili, ko da yake har yanzu ina ganin aikin da sai ma'aikaciyar jinya ta tsaya kusa da kai ta yi maka bayani kafin ka gane, akwai abin da ya rage masa. Amma kai Aminu, fim ɗin fotokwafi ka riƙe abinka. Tambayar da nake so Malam Habibu da Malama Zainab su amsa mini ita ce ta kuɗi, domin mu ba mu da gidauniyar da za ta biya: idan kuka cire farkawar nan daga fim ɗin Hausa, matar ta ga abin da ta gani aka wuce ba tare da ta zabura tana salati ba, wane furodusa ne zai saka kuɗinsa?

Malama Zainab:

A dogon fim babu ko ɗaya, Baba, kuma ba zan ɓata lokacina ina roƙonsu ba. A gajeren fim na minti goma da za a ɗauka da waya a gida ɗaya da 'yar wasa ɗaya, ba a buƙatar furodusa. Ina da labarin wata mata mai takaba da take jin ƙarar babur ɗin mijinta yana shigowa zaure kullum bayan isha'i, kuma na rubuta shi sau biyu, ɗaya da farkawa ɗaya babu. Zan turo duka biyun nan zauren ranar Asabar in Allah ya kai mu. Hajiya, ina roƙon ki fara dubawa kafin kowa, domin ki gaya mini inda na ƙawata abin da bai kamata a ƙawata ba.